"Ina Gabas?": Rayuwar Kawuna Mai Koyar da Zaman Daji

Tambayar farko da Kawu yake yi wa duk wanda ya zo koyon zaman daji a wurinsa ita ce, "Ina gabas?" Ba ya yin ta a tsakar gida, inda kowa ya san bangon da yake fuskanta idan zai yi salla. Sai ya bari an yi tafiyar sa'a guda a cikin sabara da geza, an kewaya dutse, an tsallaka ƙorama, hira ta yi daɗi har hankali ya tafi wani wuri, sannan ya tsaya cak, ya juyo ya jefo tambayar. Na sha ganin samari goma sun nuna wurare biyar daban-daban, kowannensu kuma yana rantsuwa cewa nasa ne daidai. Kawu ba ya dariya a irin wannan lokaci, ba ya kuma faɗa. Abin da yakan ce kawai shi ne, wanda bai san gabas ba ya riga ya ɓata ko da a kan hanya yake tsaye, bai dai farga ba ne tukuna.

Ƙanin mahaifiyata ne, shekarunsa sun haura sittin, kuma har yau idan aka tambaye ni sana'arsa nakan rasa kalma ɗaya da zan ba da amsa da ita. A ƙauyensu da ke ƙasar Alkaleri maharbi ake ce masa, alhali ya fi shekara talatin bai ɗaga bindiga ya auna dabba ba. A Bauchi wasu na kiransa ɗan gandun daji, wasu malamin 'yan sikawut. Aikin da ya shafe rabin rayuwarsa yana yi shi ne koya wa mutane yadda wanda ya tsinci kansa a dokar daji, ba gari kusa, ba mota, ba wanda ya san inda yake, zai riƙe ransa har ya fita ko a same shi.

Kakanmu na wajen uwa maharbi ne na gado, irin waɗanda ke shiga dawa da kwari da baka su kwana bakwai ba su dawo ba. A zamaninsa ne gwamnatin Jihar Arewa ta keɓe Yankari a 1956, aka buɗe shi ga masu yawon buɗe ido a 1962, daji mai faɗin murabba'in kilomita 2,244 ya zama wurin da aka hana farauta a cikinsa. Ga maharban ƙauyukan da ke kewaye wannan ba ƙaramin al'amari ba ne, domin wurin da kakanninsu suka san kowane mashayi da kowane kwazazzabo a cikinsa shi ne aka ce daga yau shigarsa da makami laifi ne. Kawu ya tashi a cikin wannan tsaka mai wuya. Mahaifinsa ya koya masa bin sawu, da sanin iska, da bambance kashin gwanki da na kanki, amma kafin ya kawo ƙarfi hanyar cin abinci da wannan sani ta riga ta ƙuntata. Da aka zo neman samarin da suka san daji don aikin gadinsa, sai ya shiga, ya koma yana kare dabbobin da aka rene shi don ya harba. Tsohon bai hana shi ba, bai kuma taɓa yabon aikin ba.

Shekarun gadi su ne makarantarsa ta gaskiya. Sintiri a ƙafa yake yi tare da 'yan uwansa, kwana da kwanaki a gefen kogin Gaji, ƙudan tsando na cizo, ga ɓauna wadda ba ta da alƙawari, ga giwa mai ɗa wadda ba a shiga tsakaninta da shi. Wani lokaci kuma a haɗa shi da baƙi ya yi musu jagora. A nan ya fara lura da wani abu da ya ba shi mamaki: mutum zai zo daga birni da digirinsa, ya san sunan kowace dabba da Turanci, amma bai san cewa ba a zama a kan kututture sai an duba ƙarƙashinsa ba, bai san ba a sa takalmi da safe sai an kakkaɓe shi saboda kunama ba, bai kuma san cewa dorina da ta fito kiwo da dare ba a tsaya mata a hanyar komawa ruwa ba. Shi a da ya ɗauka kowane ɗan Adam da wannan sanin ake haihuwarsa. Ya ce mini ranar da ya gane abin koyo ne, ranar ya gane cewa abin koyarwa ne kuma.

Daga baya ya sami zuwa horo a makarantar tsaunukan Shere da ke kusa da Jos, ta cibiyar horar da shugabanci wadda jama'a suka fi sani da Man O' War. Asalin cibiyar a 1951 aka kafa ta a gaɓar teku a Kudancin Kamaru, bisa tsarin makarantun Outward Bound da aka soma a Birtaniya a 1941, waɗanda manufarsu ta farko ita ce horar da matasan ma'aikatan jiragen ruwa su iya jure wuya idan jirgi ya nutse. A Shere ya koyi karanta taswira, da aiki da kamfas, da ƙulle-ƙullen igiya na hawan dutse, da taimakon gaggawa. Amma abin da ya fi ɗaukowa daga can shi ne tsari. Maharbi ba ya koyarwa da baki. Yaro yana bin sa a baya shekara goma, abin da idonsa ya kama ya kama, wanda ya kuɓuce masa ya kuɓuce. A Shere ya ga ana ɗaukar ilimi a yanka shi gunduwa-gunduwa, a ce wannan na yau ne, wancan na gobe, a sa ɗalibi ya yi da hannunsa, a gyara masa, ya sake. Da ya dawo sai ya zauna ya jera abin da ya gada bisa wannan hanya, ya fara da 'yan sikawut na makarantun sakandare, sannan ɗaliban da ke fita nazarin duwatsu da tsirrai, da sababbin ma'aikatan daji, da masu yi wa ƙasa hidima da aka tura ƙauyuka.

Ni ma ɗalibinsa ne, kuma darasin da ya fi zauna mini a rai ban same shi a zaune ba. Ina shekarar ƙarshe a sakandare ya tafi da ni tare da wasu yara su takwas wani daji mai duwatsu, tsakiyar hunturu, hazo ya rufe ko'ina har rana ta koma kamar farin faifai a sama, babu inuwa ko kaɗan. Da la'asar ya aike ni neman busassun itatuwa, ya ce kada in wuce inda zan riƙa jin muryarsu. Ina cikin tsinta sai garken zabin daji ya gifta, na bi su ina ganin kamar zan jefi ɗaya da sanda. Ban fi minti goma ina bin su ba. Da na juyo, duwatsun nan duk sun zama iri ɗaya, muryoyi sun ɗauke, ba abin da nake ji sai busasshiyar ciyawa na kaɗawa. Na zaɓi wajen da zuciyata ta ce nan ne, na kama tafiya, tafiyar ta koma sassarfa, sassarfar ta koma gudu. Na wuce wata kuka da masu ɗiban zuma suka kafa wa turaku a jiki don hawa. Bayan wani lokaci mai tsawo na sake isowa gindin wata kuka mai turaku, na tsaya ina kallonta, sai na ga ƙullin itacen da na yar a gindinta ɗazu. A nan gwiwata ta yi sanyi, na zauna ba don na tuna da wani darasi ba, sai don ƙafafuna sun ƙi ɗauka ta. Da numfashina ya dawo na tuna da usur ɗin da ya rataya wa kowannenmu a wuya, na busa sau uku kamar yadda ya ce, na jira, na sake busawa.

Ba a jima ba ya ɓullo daga bayan wani dutse, hannunsa goye a baya, kamar mai zagaya gonarsa. Daga baya na gane ya daɗe yana biye da ni. Bai ce mini sannu ba. Ya ce in tashi, ya kama hannuna, ya mayar da ni kan sawuna, muka bi shi da baya yana karanta mini shi kamar allo. "Dubi nan, ɗan nan," in ji shi, "takunka gajere ne, diddige na sauka daidai, hankalinka na jikinka. Dubi nan kuma, taku ya buɗe, yatsu kaɗai ke taɓa ƙasa. A nan tsoro ya shige ka." Ya nuna mini inda murfin gorata ya faɗi ban sani ba, ruwan ya tsiyaye a bayana ɗigo-ɗigo. Abin da ya fi ba ni kunya shi ne wani burtali mai faɗi, cike da sawun shanu da sabon kashinsu, wanda na tsallaka har sau biyu a guje ban gan shi ba, alhali da na bi shi da ya kai ni ruga ko mashayi. Na ce, "Kawu, wallahi ban ga hanyar nan ba." Ya ce, "Ai mai gudu ba ya gani." Tsakanin kukar da inda muka yada zango bai wuce nisan da za a yi kira a ji ba.

Hausawa na kiran wannan hali makuwa, kuma mutane da yawa na danganta ta da mutanen ɓoye. Kawu ba ya jayayya da kowa a kan wannan. Yakan ce a yi addu'a, amma a yi ta a zaune. A 2009 wasu masu bincike a Jamus sun saki mutane a wani babban daji suna bin tafiyarsu da na'ura, suka tarar cewa waɗanda suka yi tafiya rana a rufe sun yi ta kewaye suna dawowa kan sawunsu ba tare da sun sani ba, waɗanda kuma rana ta fito musu suka miƙe kusan sak. Da na ba shi wannan labari sai ya ce ai bai kamata su wahalar da kansu ba, da sun tambayi kowane makiyayi. Shi ya sa rabin koyarwarsa a kan tsayawa take. Wanda ya ga ya ɓata ya zauna, ya sha ruwa, ya tuna wuri na ƙarshe da ya tabbatar da shi, ya sa alama a inda yake kafin ya gusa ko taku ɗaya. Idan akwai wanda ya san ya fito, zama wuri ɗaya ya fi, domin mai nema yana iya cim ma wanda ke zaune, amma wanda ke tafe kullum ƙara masa aiki yake yi. Hausawa sun ce tsoro na daji, kunya na gida. Kawu yakan ƙara da cewa kunya ma tana biyo mutum daji, ita ce ke hana saurayi busa usur tun da wuri don kada a ce ya ɓata.

Sanin gabas kuwa yana koyar da shi ta hanyoyi da yawa, don idan ɗaya ta ƙi wata ta yi. Mai fuskantar gabas arewa na hagunsa, kudu na damansa. Iskar hunturu daga arewa maso gabas take busowa. Gamzaki na fitowa ta gabas kafin alfijir a lokutan da yake fitowa. Tauraruwar arewa kuwa a ƙasarmu ba ta da tsawo a sama, domin Bauchi na wajen digiri 10 ne arewa da tsakiyar duniya, saboda haka tsayinta daga doron ƙasa bai wuce dunƙulen hannu guda ba idan ka miƙe shi, kuma hazo ko dutse ko bishiya na iya rufe ta. Wannan na cikin abubuwan da yake gyara wa waɗanda suka karanto littattafan Turai, inda take can sama kowa na ganinta.

Bayan tsayawa sai ruwa, kuma a nan yake daɗewa. Mutum na iya yin makonni bai ci abinci ba, amma kwana uku ba ruwa na iya kashe shi, a bazararmu kuwa, da zafi ke kai digiri 40 a ma'aunin salshiyos cikin Maris da Afrilu, mai tafiya a rana yana iya zubar da gumin da ya fi lita guda a cikin sa'a ɗaya, don haka ba lalle ya kai kwana ukun ba. Dokarsa ita ce a yi tafiya daga asuba zuwa hantsi, a nemi inuwa a kwanta har la'asar sakaliya, sannan a ci gaba. Ba ya yarda da masu ɓoye ruwa a gora suna lasa kaɗan-kaɗan har jiri ya ɗebe su. Ya ce ruwa a ciki yake aiki, abin da ake tattali shi ne gumi. Na taɓa ganin ya tsayar da wani ɗalibi da ya ɗauko sauran ruwansa zai yi alwala, ya tuna masa cewa shari'a ta yarda da taimama ga wanda ke tsoron ƙishirwa, ya buga hannunsa a ƙasa ya nuna masa, suka yi sallarsu.

Neman ruwan kansa karatu ne na ido. Ƙoramar da ta ƙafe a sama sau da yawa tana da ruwa a ƙarƙashin yashi, kuma wurin haƙa shi ne bayan lanƙwasa, inda ruwa ke bugun gaɓa da damina, ko gindin dutsen da ya tare yashi. Za a haƙa har hannu ya ji danshi, a ƙara kamu ɗaya ko biyu, a koma inuwa a jira ya tsattsafo. Inda ɓaure ko kanya ko giginya suka yi kore shar a tsakiyar rani, ruwa bai yi nisa da saiwarsu ba. Kurciyoyi da yamma suna miƙewa zuwa mashayi. Hanyoyin dabbobi suna haɗuwa ne yayin da suke kusantar ruwa, kamar rassa na komawa ga gindi, saboda haka mai bin su ya bi wajen da suke haɗewa, kada ya bi wajen da suke rarrabuwa. Yakan kawo misali da rijiyoyin Dukke da ke cikin Yankari, fiye da ɗari, waɗanda mutanen da suka haƙa don tara ruwa, ya ce duk wanda ya zauna a dajin nan kafin mu da ruwa ya fara lissafi.

Idan an samu ruwan kuma sai a tace shi da rawani ko hula, a daka 'ya'yan zogale ko a jefa ɗan alam don laka ta kwanta. Yana nanata cewa wannan wanke ido ne kawai, ruwa ya yi garau ba ya nufin ƙwayoyin cuta sun mutu. Sai an tafasa shi ya yi minti guda yana ɓararraka. A ƙafarsa ta hagu akwai tabon kurkunu da ya samu yana yaro, yakan naɗe wando ya nuna wa ɗalibai, domin yawancinsu ba su taɓa ganin cutar ba tun da aka tabbatar Najeriya ta rabu da ita a 2013. Tsargiya kuwa tana nan, shi ya sa yake hana wanka a kududdufi komai zafi. Kowane ɗalibi sai ya haddace haɗin ruwan gishiri da sukari: lita ɗaya ta ruwa mai tsabta, ƙaramin cokali shida na sukari a shafe, rabin ƙaramin cokali na gishiri.

Wuta da abinci ba ya ɓata musu lokaci mai yawa. Yana da ƙyastun mahaifinsa a cikin 'yar jakar fata, ƙarfe da ƙanƙara, yana iya tayar da wuta da shi a kan audugar rimi kafin ka gama gyara zama, kuma yara na son ganin wannan fiye da komai. Amma da ya gama sai ya ce kowa ya sayi laita biyu da ashana a ƙulle cikin leda, domin ranar da hannu ke rawa ba ranar gwada gwaninta ba ce. A share ciyawa kewaye da murhu, a tanadi ɗanyen ganye don hayaƙin da za a hango daga nesa, kada a kwana a cikin ƙorama da damina ko da sama garau take, domin ruwan da aka yi a kan tudu yana saukowa ba sallama. Abinci kuwa ga kuka, ga tsamiya, ga magarya, aduwa, kanya, taura, ɗinya, gwandar daji, kowanne da lokacinsa. Abin da ba ka sani ba kada ka kai baki ko da ka ga biri na ci, kuma 'ya'yan cin-da-zugu da zaƙami da ruwan tumfafiya a bar su inda aka gan su.

Wurin da rayuwarsa ta fi yin tsauri shi ne batun maciji, domin a nan ne ya saɓa da mahaifinsa. Tsohon ya shahara da maganin sara. Idan aka kawo wanda maciji ya sara, sai ya ɗaure saman wurin tam da tsumma, ya tsattsaga da aska, ya manna baƙin dutse, ya ba da sassaƙe a sha, kuma mutane da yawa sun tashi, wanda ya ƙara masa suna. Kawu ya taso bai da shakka a kan wannan ko kaɗan, shi da kansa ya sha riƙe ƙafa ana tsagawa. Sai wata kaka kububuwa ta sari wani yaro ɗan maƙwabtansu yana ɗaga damin gyaɗa. Aka yi masa duk abin da aka saba, amma tsagar ta ƙi daina jini, washegari dasashinsa ya fara zubar da jini, tsohon gyambon da ya warke a gwiwarsa ma ya buɗe. Kawu ne ya ɗauke shi a mota zuwa Kaltungo, inda asibitin da ya shahara da jinyar saran maciji yake. A gabansa aka ɗebi jinin yaron aka zuba a 'yar kwalba mai tsabta, aka ajiye minti 20, aka karkata ta, jinin ya zubo kamar ruwa bai daskare ba. Aka yi masa allurar maganin dafi, bayan wasu sa'o'i aka sake gwadawa, jinin ya kama. Ma'aikacin jinyar ya bayyana masa cewa dafin kububuwa, wadda ake wa laƙabi da gobe-da-nisa, hana jini daskarewa yake yi, don haka duk tsagar da aka yi ƙofa aka buɗe masa; ɗaurin kuma yana kashe naman ƙafa har a kai ga yankewa. Ya kuma gane dalilin da ya sa maganin tsohon ke ci a wasu lokuta: macizai da yawa ba su da dafi mai kisa, masu dafin ma ba kowane sara suke zuba shi ba.

Yaron ya rayu. Kawu ya dawo gida ya durƙusa gaban mahaifinsa ya faɗa masa abin da ya gani, tiryan-tiryan. Mahaifiyata, wadda tana wurin, ta ce tsohon ya daɗe yana kallon ƙasa, sannan ya ce, "To, kai ka gani da idonka," ya tashi ya shiga ɗaki. Bai daina ba da maganinsa ba har ya rasu, ba su kuma sake tayar da zancen ba. Tun daga lokacin abin da Kawu ke koyarwa shi ne a kwantar da wanda aka sara, a cire masa zobe da agogo da duk abin da zai matse idan kumburi ya zo, a ɗaura wa gaɓar sanda kamar karaya don kada ta motsa, a ɗauke shi kada ya taka, a nufi asibitin da ke da maganin dafi ba tare da tsayawa ko'ina ba. Ba ɗaurin tam, ba tsaga, ba tsotsa, ba ɓata lokaci wajen farautar macijin. Idan gamsheƙa ce ta tofa a ido, a yi ta wankewa da ruwa mai yawa. Hukumar Lafiya ta Duniya ta sanya saran maciji cikin cututtukan da aka yi wa sakaci a 2017, amma manoman kudancin Gombe da Alkaleri sun daɗe da sanin girman abin, musamman lokacin shuka da girbi.

Wannan matsayi ya jawo masa magana. Wasu abokan mahaifinsa sun ce ya sayar da gadon gidansu ga 'yan boko, har akwai wanda ya daina amsa masa gaisuwa. 'Yan bokon kuma ba su ɗauke shi nasu ba, domin takardarsa ba ta wuce ta firamare da shaidar horo biyu ko uku ba. A ganina wannan shi ne abin da ya fi ci masa rai, ko da yake bai taɓa faɗa ba. Bayan ya bar aikin gwamnati koyarwar ta zama ta jefi-jefi, yau a kira shi, a yi wata uku ba a kira ba. Wata makarantar kuɗi ta taɓa ɗaukarsa ya kwana uku da ɗalibanta a daji, aka ɗauki hotuna aka baza a takardun talla, aka ba shi rabin abin da aka yi alkawari, sauran har yau ana cewa ya dawo mako mai zuwa. Masara da gyaɗar da yake nomawa su ke riƙe da gidansa. Na sha yi masa maganar ya bari in rubuta darussan nan su zama littafi, yakan ce takarda ba ta jin ƙishirwa, wanda bai taɓa haƙa yashi da farcensa ba karatu ba zai amfane shi ba. A nan ban yarda da shi ba, domin haɗin ruwan gishiri da sukari da dokar sara ba sa buƙatar a je daji kafin a san su, kuma mun yi ta wannan gardama ba wanda ya ja baya.

Dajin ma ya sauya masa. Wuraren da a da yake kwana da yara ashirin ba abin da yake tsoro sai kura, yanzu ba ya kai kowa, saboda 'yan bindiga da masu garkuwa da mutane da suka sami mafaka a wasu dazuzzukan jihar. Masu zuwa wurinsa a 'yan shekarun nan tambayoyinsu daban ne. Akwai direbobi, akwai 'yan banga, akwai wanda ya taɓa kuɓuta daga hannun mutanen daji ya kwana biyu yana yawo kafin ya ga gari. Waya kuwa bai raina ta ba, yakan ce a kashe ta don tattalin caji, a hau tudu a kunna, a tura saƙon rubutu domin yana fita a inda kira ya ƙi shiga, a faɗi dutse ko ƙorama ko bishiyar da ake gani. Abin da ba ya so shi ne mutum ya miƙa mata idonsa gaba ɗaya.

Da kakar bana na kai masa iyalina gaisuwa. Mun bi hanyar Gombe, muka karkata a Dindima, muka same shi a bakin gona yana zaune a kan buhu, gwiwoyinsa sun fara ba shi wahala, ya ce yanzu iyakar makarantarsa ke nan, daga tsamiyar can zuwa bakin rafi. Bayan an gaisa ya kira babbar 'yata, mai shekara goma sha ɗaya, ya ce, "Zo nan, amaryata. Ina gabas?" Ta karɓi wayata ta buɗe manhajar alƙibla ta nuna masa, tana murmushin wadda ta ci gasa. Ya ce madalla, ya karɓi wayar ya jefa a aljihun rigarsa, ya sa ta rufe ido ya juya ta sau uku. Sannan ya karyo karan dawa miƙaƙƙe ya kafa a fili, ya ba ta tsakuwa ta ajiye a daidai kan inuwarsa. Ya ce wannan tsakuwar yamma ce, idan inuwar ta gusa za ta ajiye ta biyu, layin da ya tashi daga ta farko zuwa ta biyu shi zai nuna mata gabas. Ta tambaye shi yaushe inuwar za ta gusa. Ya ce sai ta zauna ta gani. Ya matsa mata gefen buhun, ya ciro gyaɗa ɗanya daga aljihu yana ɓare mata, su biyun suka zuba wa karan ido.